Zaren Likkafanin Baba

Ni ban taɓa zuwa Indiya ba. Kai, in ban da goyon ciki da na je ƙauyenmu, ban cika kwana a bayan ganuwa ba. Amma akwai wani tela Ba'indiye da na sani kamar maƙwabci. Ban ga fuskarsa ba, ban san sunansa ba, an ma rataye shi tun ban zo duniya ba. Duk da haka saboda shi na yi damina guda ina kaɗi har yatsuna suka tsage.

A Madabo aka kawo ni aure, gidan yawa. Akwai surukina, wanda kowa ke kira Baba, da matarsa Inna. Akwai wan mijina, Yaya Alhaji, mai sayar da yadi, shi da iyalinsa a sashen gabas. Mu kuma aka ba mu ɗan sashen da ke jingine da zaure. Bango ɗaya ne tsakanin ɗakina da inda Baba ke zama da abokansa, ga wata 'yar taga can sama da aka bari don iska. Suruka ba ta zama hira da surukinta, gaisuwa ce daga bakin ƙofa, kai a sunkuye, a wuce. To amma kunne ba ya kunya. Duk abin da na sani na Indiya ta wannan tagar ya shigo mini, ina tankaɗe ko ina shayar da yaro.

Baba tsohon soja ne, ya yi yaƙin Bama. Da ya dawo sai ya kama dillancin gwado a Ƙofar Wambai. Tun da na san shi ban taɓa ganin yadin kanti a jikinsa ba, daga riga har wando saƙar hannu ce, mai kauri, mai kaushi. Ɗansa na sayar da shadda, shi yana yawo kamar baƙauye. In jikoki sun dawo daga kallon sinima suna rera waƙar Indiya, sai ya ce musu, "Ku rawa kuka sani. Ni Indiyar da na gani ba a rawa."

Ga yadda labarin yake, kamar yadda na tsince shi gutsi-gutsi cikin shekaru.

Kafin a tura su dajin Bama an ajiye su a wani bariki a Indiya. A bakin barikin akwai wani saurayi tela, Musulmi, mai gyara wa soja kaki. Ranar da Baba ya kai masa wando, yana yafe da ɗan gwadon da mahaifiyarsa ta kaɗa zarensa ta ba shi da zai tafi. Telan ya ajiye almakashi, ya kama bakin gwadon ya murza, ya kai hanci ya sansana. Ya tambaya da hannu, wa ya yi wannan? Baba ya kwatanta masa yadda ake murza mazari. Sai telan ya ja rigar jikinsa ya haɗa da gwadon, ga su nan kamar uwa ɗaya ta haife su. Daga nan suka ƙulla. Baba ya ce da ɗan Turancin bariki suke magana, da ɗan Larabcin salla, sauran kuma hannu ya ƙarasa.

Shi ya gaya wa Baba cewa masu neman 'yanci a ƙasarsu iri biyu ne. Akwai masu zama a ƙasa a yi ta dukansu ba sa ramawa, har mai dukan ya ji kunya. Akwai kuma masu cewa Bature da bindiga ya shigo, ba zai fita da sallama ba. Telan yana cikin na biyun, bai kuwa ɓoye ba. Amma duka ɓangarorin sun haɗu a abu guda: ba sa sa yadin Ingila. Tara shi suke a fili su cinna masa wuta. Ya ce audugarsu ake kwashewa a kai can, a saƙa, a dawo a sayar musu, masaƙansu suna mutuwa da yunwa. Ya taɓa kakin Baba ya ce, "Kai ma sun ci ƙasarka, sun sa maka rigarsu, ga ka nan ka zo mutuwa dominsu."

Baba ya ce ranar bai iya cin abinci ba.

Ana nan aka wayi gari an kwance ƙarafunan titin jirgin ƙasa, jirgin kayan soja ya kife. Ba'indiye mai zuba gawayi ya mutu. Wani soja mutumin ƙasar Zazzau, wanda suke cin tuwo kwano ɗaya da Baba, ya rasa ƙafa. Aka yi bincike, aka tono kayan kwance ƙarfe a ƙarƙashin keken telan. Bai yi musu ba. Aka kulle shi a gadurum kafin a zo a tafi da shi birni, Baba na cikin masu gadinsa.

Na sha jin abokan Baba suna tambayarsa, "To Malam, shi wannan shahidi ne ko mai kisan kai?"

Kullum amsarsa ɗaya ce: "Wannan Allah ya sani. Na ga ƙafar da aka yanke, na ga matar mai gawayi tana birgima a ƙasa. Ban taɓa ce muku ya yi daidai ba. Ni dai tela na sani."

Ranar da za a tafi da shi aka tuɓe masa rigarsa ta saƙar hannu, aka sa masa kayan fursuna. Ya roƙa a bar masa ita a binne shi a ciki, ya san ba zai dawo ba. Wani hafsa ya sa aka jefa ta a wutar shara, telan yana kallo. Da za a hau da shi mota ya waiwayo ya ce wa Baba, "Ɗan'uwa, in ka koma gida, kada ka yarda a binne ka cikin kayansu."

Baba ya ce, "To."

Shi ke nan fa, "to" kaɗai. Amma Baba ya ce "to" ɗin da ka ce wa mai tafiya lahira ba irin wanda kake ce wa mai talla ba ne. Daga baya suka ji an rataye shi. Ba a yi wasu shekaru masu yawa ba Bature ya bar musu ƙasarsu, shi bai gani ba.

Shekarar da soja suka ce za su miƙa mulki ga farar hula, ita ce shekarar da ƙirjin Baba ya kwantar da shi. Gari ya rikice da siyasa. Motoci masu lasifika suna ratsa lunguna har ba ka jin kiran salla sosai. Yaya Alhaji ya shiga ciki tsundum, manya na zuwa wurinsa, atamfa mai hoto na fita daga shagonsa bandir-bandir. Kuma a shekarar ce aka ce mu mata ma za mu fita zaɓe.

Wata ranar Juma'a bayan an sauko masallaci, Baba ya kira 'ya'yansa biyu da Inna zaure. Ina ɗaki ina tsince shinkafa. Na ji ya ce, "Ina so a yi maganar likkafanina tun ina da baki."

Yaya Alhaji ya ce, "Haba Baba, Allah ya ƙara maka lafiya. Kuma ai wannan an gama shi. Ka manta alawayyon da na zo da shi daga Makka?"

Kowa a gidan ya san wannan alawayyo. Da ya je aikin hajji ya sayi mafi kyau, ya jiƙa shi da ruwan Zamzam da hannunsa, ya shanya a ranar Makka, ya naɗo shi musamman don iyayensa. Ba ƙaramin abu ba ne. Mutane da yawa suna mutuwa da burin a sa su a irinsa.

Baba ya ce, "Ban manta ba. Allah ya yi maka albarka. Ka duba bakinsa ka gaya mini inda aka saƙa shi."

Mai sayar da yadi ai ba sai ya duba ba.

"To in don wannan ne," in ji Yaya Alhaji, "yanzu muna da masaƙu a nan Kano, muna da su a Kaduna. Bature ya tafi tun yaushe! Sai in kawo na gida."

"Na inji ne. Ni abin da aka ƙona a gabana hannu ne ya kaɗa shi."

"Baba, don Allah ka duba. Mutane za su taru, manya za su zo. A ce ina da shago cike da yadi, a fito da ubana a naɗe cikin gwado kamar wanda ya mutu a tasha? Kuma a bar ruwan Zamzam saboda wani Ba'indiye mai kifar da jirgi?"

Inna ta ce, "Kai, sassauta murya, ubanka ne."

Baba ya daɗe yana tari. Da ya lafa ya ce, "Zamzam ba ya wanke alkawari."

Washegari da hantsi Inna ta leƙo ta ce Baba na kirana. Bai taɓa kirana ba sai ranar. Na ja mayafi na durƙusa a bakin ƙofa, na juya fuska gefe. Har lokacin amarya yake ce mini, ga ni da 'ya'ya uku.

"Amarya, an ce kin iya kaɗi."

"Kaɗan-kaɗan, Baba. Wurin kakata na koya."

"Idon Innarku ya tafi. Matan yanzu kuwa ko mazari ba su sani ba. Za ki kaɗa mini zaren da zan kwanta a ciki?"

Ni ma ban san lokacin da na ce "to" ba. Sai da na koma ɗaki na tuna irin "to" ɗin da na faɗa.

Wanda bai taɓa kaɗi ba bai san abin da ake nufi da likkafanin namiji ba. Ba ƙyalle ɗaya ba ne, akwai na jiki, akwai na naɗewa. Ga shi damina ce, auduga ta yi wuya, sai kaka take zuwa. Maigidana ya hau keke har ƙauyenmu, gwaggona ta kwaso masa ragowar ta bara daga rumbu. Na gurje ta a kan dutse na fitar da angurya. Shiɓa kuwa ta ba ni wuya, don audugar ta sha sanyin damina, in na ɗaga bakan shiɓa sai ta dunƙule ta ƙi tashi. Sai na riƙa jiran rana ta leƙo in baza a tabarma, hadari na haɗowa in kwashe da gudu.

Na zauna kaɗi. In na gama abincin safe in ɗauki mazari, in shafa alli a yatsu, in murza. Ta tagar nan ina jin numfashin Baba, shi kuma ashe yana jin kukan mazarina. In na tsaya sai in ji ya ce wa Inna, "Amarya ta tashi ɗora tukunya." Wallahi har na riƙa jin tsoron tsayawa, kamar in zaren ya yanke shi ma zai yanke.

Da na auna abin da na tara da yadda tarinsa ke ƙaruwa, na san ni kaɗai ba zan kai ba. Na gaya wa Inna. Ta ɗauki sandarta ta shiga maƙwabta. Kashegari sai ga tsofaffin unguwa suna sallama, kowace da taskirarta, wasu mazaransu har sun yi ƙura. Suka baje a tsakar gida.

Wata ta ce, "Rabona da wannan abu tun auren fari."

Wata ta ce mata, "Ai ga alama nan, zarenki kamar igiyar ɗaure akuya."

"Ke naki da ya yi siriri, tusa ma ta tsinka shi."

Aka yi dariya, sai kuma aka tuna abin da ake kaɗawa, aka yi tsit. Haka muka riƙa yi, dariya ta ɓalle, a kama ta.

Matar Yaya Alhaji tana kallonmu daga ƙofar sashenta, tana tsoron mijinta. Ran nan da ya fita sai ga ta da ƙullin zane, ta ce ta farke matashin kanta ta kawo gudunmawa. Da aka kwance, audugar rimi ce. Tsofaffi suka kwashe da ita: "'Yar birni! Wannan ko aljani bai kaɗa ta ba!" Ta tsaya kamar za ta yi kuka. Inna ta jawo ta ta zaunar, ta miƙa mata dutsen gurza. Har aka gama aikin nan ita ke fitar mana da angurya, in ta ji ƙarar motar mijinta ta karkaɗe zane ta gudu.

Ranar zaɓe muka fita, mata a layi, wasu ba su taɓa tsayawa a gaban malamin gwamnati ba. Na dangwala da allin kaɗi a yatsana. Na dawo na wanke hannu, na ɗauka tawadar ta fita, na koma kan mazari. Sai da na naɗe wajen kamu guda na ga zaren ya yi shuɗi-shuɗi. Raina ya ɓaci. Na ce wa Inna bari in yanke wurin, likkafani fari ake so. Ashe Baba ya ji. Ya ɗago murya daga zaure, da ƙyar take fita:

"Amarya, tawadar zaɓe ce?"

"Ita ce, Baba. Yanzu zan cire."

"Bar ta. Telan nan bai samu ya dangwala ba."

Masaƙi ma sai da aka sha nema. Maigidana ya samo wani tsoho a bayan gari, wanda ya juya zaren ya ce, "Wannan hannu nawa ne? Kowane da halinsa." Ya ce zai saƙa, amma kada a zarge shi in ya fito da tudu da kwari. Haka kuwa ya fito. Da aka haɗa ƙyallayen aka kawo, maigidana ya auna da kamu, ya dube ni, ya kau da kai. Baba dogo ne, mai faɗin kafaɗa. Abin bai kai ba. Auduga kuma ta ƙare.

Aka shimfiɗa wa Baba a cinya. Inna ta ce ya murza bakinsa, ya kai hanci ya sansana. Yaya Alhaji na tsaye. Na ji ya ce, "Ka gani ko, Baba? Bai ma isa ba." Limamin unguwa ya taɓa gaya wa Yaya Alhaji wasiyyar da ba ta saɓa wa shari'a ba cika ta ake yi, amma ya ce shi ne babba, shi zai tsaya a kan gawar ubansa, kuma ba zai bari a yi abin kunya ba. Har Baba ya daina magana ban ji Yaya Alhaji ya sauko ba.

Baba ya cika da hantsi, ana saura kwanaki kaɗan soja su sauka. Kafin azahar zaure ya cika, har da masu manyan riguna da motocinsu suka toshe lungu. Na ga Yaya Alhaji ya fito daga sashensa rungume da alawayyon Makka. Na ga maigidana ya karɓi namu daga hannun Inna. Duka biyu suka shiga zaure, aka saki labule. Mata ba sa shiga inda ake ɗinkin likkafani.

Gida ya cika da masu kuka. Na zame na shiga ɗakina, na jingina da bango a ƙarƙashin taga.

Duk macen da ta yi zaman makoki ta san ƙarar alawayyo. Ba a bin sa da almakashi, ɗan tsaga baki ake yi a ja da hannu, ya yi wata ƙara mai tsawo, kyaaat, wadda ke shiga har cikin haƙori. Saƙar hannu kuwa ba ta yaguwa haka. Sai an bi ta da almakashi a hankali, ƙurus, ƙurus, kamar akuya na tauna kara.

Na ji muryoyi ƙasa-ƙasa. Na ji liman ya ce a gwada tukuna. Sai na ji wani ya ja numfashi ya fashe da kuka irin na babban mutum, wanda ba ya fita da daɗi. Ban taɓa jin kukan Yaya Alhaji ba, amma na gane shi.

Sai almakashi. Ƙurus, ƙurus, ƙurus.

Na zauna a ƙasa, na toshe baki da mayafi. Aka daɗe ana yanka, ana ɗinki. Can wajen ƙarshe sai na ji kyaat, gajere. Aka sake, kyaat. Na ce shi ke nan, an koma wa alawayyo. Amma daga nan ban ƙara jin sa ba.

Sai bayan an dawo daga maƙabarta maigidana ya gaya mini. Da aka gwada saƙar a jikin Baba, ta rufe shi ruf, har da ɗan saura. Ciwo ya cinye shi ya rage shi, har ya yi daidai da abin da muka kaɗa. Yaya Alhaji bai san ubansa ya ƙare haka ba, kullum a cikin manyan riguna yake ganinsa. Da ya gani sai ya ajiye alawayyon a gefe, ya karɓi almakashi da kansa. Ƙarar da na ji kuwa, 'yan siraran ƙyallaye ne ya yaga daga na Makka, aka ɗaure wajen kai da wajen ƙafa. Ya ce wa liman, "Wannan ai ba ya taɓa jikinsa." Liman ya ce ba ya taɓawa.

Na tambayi maigidana ko ya ga wurin tawadar. Ya ce ya gani, ta faɗo wajen kafaɗar dama.

Ranar da aka miƙa mulki muna cikin zaman makoki. Wani yaro ya kunna rediyo a lungu, ana ta buga badujala, Inna ta aika a ce ya rage. Tsofaffin da suka taya ni kaɗi suna zaune a jere a tsakar gida suna jan carbi, yatsunsu duk sun yi kanta irin nawa.

Sauran alawayyon ya koma akwatin Inna. Ta rayu shekaru bayan haka, kuma duk lokacin da aka buɗe akwatin sai ta ja mana kunne: "Ni dai a sa ni a na Makka. Ban yi wa wani Ba'indiye alkawari ba." A cikinsa aka sa ta. Ranar ma ina ƙarƙashin tagar, na ji shi yana yaguwa har ƙarshe.

Mazarina yana nan a taskira. Jikokina sun ɗauka abin wasa ne, suna murza shi a kan siminti. In na idar da salla ina yi wa Baba da Inna addu'a, nakan sa da telan nan, da mai zuba gawayin da ya mutu a jirgin. Ban san sunan ko ɗaya ba, sai in ce, Allah ka san su.